Fasasshiyar manhaja: wa ka miƙa wa mabuɗin rumbun bayanan jama'a?



Kwanakin baya wani ƙanena da ke haya a Bomo ya kawo mini laftof ɗinsa yana kukan ta yi nauyi, ga zafi, fanka na ta ƙara ko da ba abin da ya buɗe. Ɗalibi ne, kuma kamar da yawa daga cikin matasan Samaru, yana ɗan taɓa aikin haɗa wa mutane manhaja don ya samu na kashewa. Ya yi wa wani kantin magani tsarin lissafin kaya, ya yi wa wata makarantar kuɗi shafin duba sakamakon jarrabawa. Ina buɗe kwamfutar na ga an kashe Windows Defender. Na tambaye shi dalili, sai ya ce: "Yaya, ai kirak ɗin Navicat ne ba ya shiga sai an kashe shi." Na buɗe Navicat ɗin, sai ga rumbunan bayanan duk waɗanda ya yi wa aiki a jere, kowanne da kalmar sirrinsa a ajiye. Da na matsa masa da tambaya, ya tuna cewa makonni kaɗan bayan ya girka manhajar wani ya shiga Facebook ɗinsa yana roƙon abokansa kuɗi. Bai taɓa haɗa abubuwan biyu ba.

A ganina girka fasasshiyar manhajar sarrafa rumbun bayanai ya fi girka fasasshen wasa ko manhajar gyaran hoto muni nesa ba kusa ba, domin abin da kake cacar da shi ba naka ba ne. Kuma a yau babu uzurin yin hakan, tunda akwai na kyauta na halal da ke yin aikin.

Me wannan manhaja take riƙe da shi?

Ga wanda bai saba ba, rumbun bayanai shi ne inda kowace manhaja ko shafin intanet ke zuba abin da aka shigar mata: sunaye, lambobin waya, maki, kuɗin da aka biya, bashin da ake bi. MySQL da PostgreSQL da SQL Server su ne fitattu a wajenmu. Su kuwa irin su Navicat da DataGrip da DBeaver, tagar da mai aiki ke leƙa rumbun ne, ya duba, ya gyara, ya goge. Kafin tagar ta buɗe sai ka ba ta adireshin sabar, da sunan mai shiga, da kalmar sirri. Yawancinmu kuma muna danna mata ta riƙe kalmar sirrin don kada mu riƙa rubutawa kullum.

Wato manhajar ta zama zoben mabuɗai. Yi tunanin maigadin layin shaguna a kasuwar Sabon Gari, wanda kowane ɗan kasuwa ya ba shi mabuɗinsa. Idan aka yi wa mai shago ɗaya sane, shago ɗaya aka yi wa illa. Idan aka sace zoben maigadi, layin gaba ɗaya ya shiga uku. Ƙanena da yake ganin laftof ɗinsa ce kawai, zoben mabuɗan kantin magani da makaranta yake yawo da shi a jaka.

Abin da ya ƙara tsananta lamarin shi ne, yadda waɗannan manhajoji ke ɓoye kalmar sirrin da aka ajiye ba wani sirri ba ne ga masu kutse. Navicat na ajiye bayanan haɗi a cikin rajistar Windows, kuma an daɗe da wallafa hanyoyin warware su a intanet, har a cikin Metasploit, kayan aikin masu gwajin tsaro, akwai ɓangaren da aka yi don wannan. Duk wanda ya samu damar gudanar da wani abu a kwamfutarka, to ya samu mabuɗan.

Yadda kirak yake aiki

Ka tuna matakan da ake ba ka a bidiyon YouTube ko a ɗan fayil ɗin bayani da ke zuwa da kirak. Na farko, kashe antibairos. Na biyu, buɗe fayil ɗin da lambar sirrin da aka ba ka, wanda dalilin kulle shi shi ne kada na'urorin bincike su ga abin da ke ciki. Na uku, gudanar da shi da ikon mai gida, wato cikakken iko kan kwamfutar. Na huɗu, toshe manhajar kada ta yi magana da kamfaninta, ma'ana ba za ta sake samun gyaran tsaro ba har abada.

Sake karanta matakan nan. Ka sallami maigadi, ka shigo da buhun da ba a yarda kowa ya leƙa ba, ka ba baƙon da ya kawo shi mabuɗin kowane ɗaki, sannan ka yanke wayar da za a kira ka a gargaɗe ka. Duk wannan saboda wani mutum da ba ka san sunansa ba, ba ka san ƙasarsa ba, ya ce ka yarda da shi. Ka taɓa tambayar kanka me ya sa zai ɓata lokacinsa ya fasa manhaja, ya biya kuɗin shafi, ya yi bidiyo, duk don kai ka samu a banza? Hausawa sun ce banza ba ta kai zomo kasuwa.

Abin da aka fi cusawa a cikin kirak a 'yan shekarun nan shi ne manhajar kwasar bayanai, irin su RedLine da Vidar da Lumma. Ba ta lalata kwamfuta, ba ta nuna wata alama. Cikin 'yan mintoci take kwashe kalmomin sirrin da ke Chrome, da bayanan da ke sa shafi ya gane ka ba sai ka sake shiga ba, da walat ɗin kirifto, da fayilolin da ke kan fuskar kwamfuta, ta tura wa mai ita. Daga nan a sayar da kayan a kasuwannin ɓoye da tashoshin Telegram. Navicat ɗinka kuma zai buɗe lafiya lau, ka ci gaba da aiki kana murna ka ci bulus.

Ba zato ba ne, ya faru

A watan Janairun 2024, masu bincike na kamfanin Jamf sun gano fasassun manhajojin kwamfutar Apple da ake rabawa a shafukan satar fasaha na ƙasar Sin, an dasa musu ƙofar baya da ke ba mai kutse damar sarrafa kwamfutar daga nesa. Cikin jerin akwai Navicat Premium, da SecureCRT, da FinalShell, da Microsoft Remote Desktop. Lura da irin manhajojin: duk na masu kula da saba da rumbun bayanai ne. Masu kutsen sun san wanda suke farauta. Kafin nan, a 2021, an ga wata mai suna ZuRu da ta bi irin wannan hanya, har da sayen talla a shafin bincike na Baidu don jabun shafinsu ya fito a sama. Wannan ya kuma rushe maganar masu cewa kwamfutar Apple ba ta kamuwa.

Babban darasi kuwa shi ne abin da ya samu abokan cinikin Snowflake, kamfanin Amurka mai ajiye wa manyan kamfanoni rumbun bayanai. A tsakiyar 2024 kamfanin tsaro na Mandiant ya ce an sanar da kimanin kamfanoni 165 cewa mai yiwuwa an shiga bayanansu. AT&T da Ticketmaster da bankin Santander na cikin waɗanda abin ya shafa, kuma AT&T ya amsa cewa an kwashe tarihin kira da saƙonnin kusan dukkan masu amfani da layinsa. Ba fasa bangon Snowflake aka yi ba. Da sunaye da kalmomin sirri na gaskiya aka shiga, waɗanda manhajojin kwasar bayanai suka sata, wasu tun 2020, ba a taɓa canza su ba, kuma babu tabbaci mataki biyu a kan asusun. Mandiant ya bayyana cewa a wasu lokutan satar ta faro ne daga kwamfutocin 'yan kwangila, waɗanda suke aikin ofis da su, suke kuma wasanni da sauke fasassun manhajoji da su. Ɗan kwangila mai laftof ɗaya da yake komai da ita. Wannan siffar ƙanena ce, kuma siffar da yawa daga masu karanta wannan rubutu ce.

Girman kasuwar ma abin dubawa ne. A watan Oktoban 2024 'yan sandan ƙasar Holan da takwarorinsu sun rushe sabobin RedLine. A watan Mayun 2025 Microsoft ya sanar da cewa ya gano kwamfutocin Windows sama da 394,000 da Lumma ta kama cikin wata biyu kacal, daga 16 ga Maris zuwa 16 ga Mayu, sannan aka ƙwace adiresoshin intanet kusan 2,300 da take aiki da su. Ita kuwa zafin laftof da ƙarar fanka, a 2021 kamfanin Avast ya fallasa Crackonosh, wadda ta shiga kwamfutoci sama da 222,000 ta fasassun wasanni, tana haƙar kuɗin Monero da wutar mutane, har masu ita suka tara kusan dala miliyan 2. Kai kana fama da cajin laftof a shagon caji ko da janareta, wani yana can yana cin gumin batirinka.

"Wa zai damu da ɗan kanti a Sabon Gari?"

Wannan ita ce amsar da na fi ji. Gaskiya ne, babu wani mai kutse a Rasha da ya san Bomo ko Hayin Dogo. Amma ba sai ya sani ba. Aikin na'ura ne, kamar mai jefa koma a ruwa, duk abin da ta kamo nasa ne. A ƙarshen 2020 kamfanin Guardicore ya ba da rahoton wani farmaki kan sabobin MySQL inda ake kwashe rumbu, a goge shi, a bar takardar neman kuɗin fansa, kuma rumbuna kimanin 250,000 aka baje don sayarwa. Ba wanda ya zauna ya zaɓe su ɗaya-ɗaya.

Sannan ka duba abin da ke cikin rumbun ƙaramar makaranta: sunan yaro, hotonsa, ranar haihuwarsa, unguwarsu, lambar wayar mahaifinsa, da ko ya biya kuɗin makaranta ko bai biya ba. A yanayin tsaron da Arewa take ciki, wa zai ce wannan ba komai ba ne? Rumbun kantin magani ko ƙaramin asibiti na iya nuna wanda ke karɓar wane magani, abin da mutum ko ɗan'uwansa bai gaya wa ba. Na ƙungiyar adashi ko mai POS yana ɗauke da lambar asusu, wani lokaci har da BVN da NIN. Da irin waɗannan bayanai ne ɗan damfara ke kiran mahaifiyarka ya ambaci cikakken sunanta da bankinta, har ta yarda ta karanto masa lambar da aka turo mata. Mun ga yadda a 2024 aka bankaɗo shafukan XpressVerify da AnyVerify suna sayar da bayanan NIN na 'yan Najeriya a kan kuɗi ƙalilan. Kasuwar bayananmu tana ci.

Kai mai waya ma abin ya shafe ka ta hanya biyu. Ta farko, bayananka na cikin rumbunan da ba ka san wa ke kula da su ba. Ta biyu, idan asusun Google ɗaya ne a wayarka da laftof ɗinka, duk kalmar sirrin da ka ajiye a waya tana cikin Chrome na laftof ɗin. An kwashe can, an kwashe nan. Kuma cutar ɗaya ce da ta masu GBWhatsApp da ire-irensa: Kaspersky ya samu ƙwayar Triada a cikin FMWhatsApp a 2021, ya sake samunta a YoWhatsApp a 2022.

Uzurin da ake kawowa

Uzuri na farko shi ne tsada, kuma ba zan raina shi ba. Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Lasisin dindindin na Navicat Premium ya haura dala 1,000. A lokacin da dala take wajen naira 1,500, kuɗin ya wuce naira miliyan ɗaya da rabi, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake naira 70,000. Ba ɗalibin da zai iya, kuma kamfanonin da ke sa farashi ɗaya ga Landan da Zariya suna da nasu laifin. Sai dai wannan uzuri zai yi ƙarfi ne da a ce babu madadi. A wannan fanni kuwa madadi ya yi yawa. DBeaver Community kyauta ce, tana magana da kusan kowane irin rumbu. MySQL Workbench kyauta ce daga masu MySQL. pgAdmin kyauta ce ga PostgreSQL. HeidiSQL kyauta ce, ga ta ƙarama, ba ta cin data wajen saukewa, ba ta wahalar da tsohuwar laftof. SQL Server Management Studio kyauta ce daga Microsoft. phpMyAdmin tana zuwa a cikin XAMPP ɗin da kowane ɗalibi yake da shi. JetBrains na ba ɗalibai lasisin manhajojinsa kyauta, har da DataGrip. Shi kansa kamfanin Navicat ya fitar da Navicat Premium Lite ta kyauta a 2024. To a kan me kake kashe antibairos?

Uzuri na biyu: "Na shekara uku ina amfani da ita, ba abin da ya faru." Ba abin da ka gani dai. Kalmomin sirrin da aka shiga Snowflake da su, wasu sun haura shekara uku a hannun ɓarayi kafin a yi amfani da su.

Uzuri na uku: "Antibairos ƙarya yake, kowane kirak yana kamawa." Haka ne, yana kama har wanda ba a cusa wa komai ba. Amma nan matsalar take. Tunda ƙararrawar tana kaɗawa ga mai cuta da marar cuta, ba ka da hanyar bambance su, kuma masu kutsen sun dogara ne da cewa ka saba yin biris da ita. Wanda ya tura maka a filash a shagon gyaran kwamfuta ma bai sani ba, shi ma saukewa ya yi.

Doka ma ta shigo

A watan Yunin 2023 Shugaba Bola Tinubu ya sa hannu a Dokar Kare Bayanai ta Najeriya, wadda ta kafa hukumar NDPC ƙarƙashin Dokta Vincent Olatunji. Dokar ta ɗora wa duk mai tattara bayanan mutane, da wanda yake sarrafa masa su, nauyin kare su. Idan aka yi kutsen da zai iya cutar da masu bayanan, wajibi ne a sanar da hukumar cikin sa'o'i 72. Tarar kuwa tana iya kaiwa naira miliyan 2 ko kashi 2 cikin ɗari na kuɗin shigar shekara, duk wanda ya fi yawa, ga manyan masu riƙe da bayanai kuma naira miliyan 10 ko kashi 2 cikin ɗari. A watan Agustan 2024 hukumar ta ci bankin Fidelity tarar naira miliyan 555.8, ko da yake bankin ya musanta cewa ya karya doka. Ka yi tunanin ranar da mai makaranta zai tambaye ka ta ina aka shiga, ka ce masa ta manhajar sata da ka girka bayan ka kashe tsaron kwamfutarka da hannunka.

Ni a wajena ma maganar ta wuce tara. Amana ce. Uban da ya rubuta lambar wayarsa a fom ɗin makaranta bai san ka ba, bai kuma ba ka izinin yin caca da ita ba.

Idan ka riga ka girka fa?

Cire manhajar kaɗai ba ya wadatarwa, domin abin da ya shigo tare da ita ba ya fita tare da ita. Ka kwashe takardunka da ayyukanka, ban da fayilolin girka manhaja, sannan ka goge kwamfutar ka sake sa Windows da ka sauke daga shafin Microsoft. Daga wata na'ura mai tsabta, kamar wayarka, ka canza kalmar sirrin imel ɗinka da farko, sannan sauran, ka fitar da duk na'urorin da ke cikin asusun, ka kunna tabbaci mataki biyu. Bayan haka ka canza kalmar sirrin kowane rumbu da kowace saba da ka taɓa shiga daga wannan laftof, ka kuma gaya wa masu su gaskiya. Da nauyi, amma ya fi su ji daga bakin ɗan damfara.

Daga nan ka gyara ɗabi'a. Sauke manhaja daga shafin masu ita kawai, ka rubuta adireshin da hannunka maimakon danna tallan da ya fito a saman Google. Ko a manhajar halal, kada ka bar kalmar sirrin rumbun abokin ciniki a ajiye sai da babbar kalmar sirri da ke kulle su duka, domin ɓarawon bayanai bai damu da ko lasisinka na gaske ba ne. Kada ka bar ƙofar MySQL ta 3306, ko 5432 ta PostgreSQL, ko 1433 ta SQL Server a buɗe ga duk duniya. XAMPP yana zuwa da asusun root ba kalmar sirri, ka sa masa. Kada manhajarka ta riƙa shiga rumbu da asusun da ke da iko kan komai. Ka riƙa ɗaukar kwafin rumbu kana ajiyewa a wani wuri dabam, kana kuma gwada mayar da shi.

Masu makarantu da kantuna da asibitoci, ku ma kuna da haƙƙin tambaya. Kafin ku miƙa wa yaro aiki ku tambaye shi da wace manhaja zai shiga rumbunku, daga ina ya samo ta, wa da wa ke da kalmar sirri, kuma ina kwafin ajiya yake. Idan aiki ya ƙare ku sa a canza kalmar sirrin.

Ina kuma kira ga malamanmu na sassan kwamfuta a Jami'ar Ahmadu Bello da Kwalejin Nuhu Bamalli da sauran cibiyoyin koyar da kwamfuta na Zariya, su riƙa koyarwa da manhajojin kyauta tun daga ajin farko, su kuma faɗa wa ɗalibai dalili. Abin da ɗalibi ya saba da shi wajen furojet ɗinsa na ƙarshe, da shi zai tafi wurin SIWES, da shi zai shiga banki ko ma'aikatar gwamnati. Wanda ya koyi kashe antibairos a ɗakinsa na Samaru, zai kashe shi a ofis ranar da aka damƙa masa rumbun ma'aikata dubu goma.

Ƙanena dai mun kwana biyu muna goge laftof da canza kalmomin sirri. Ya kira mai kantin da mai makarantar ya yi musu bayani, ɗaya ya yi faɗa, ɗaya ya gode. Yanzu DBeaver yake amfani da ita, kuma fankar ta yi shiru. Kai ma yau ka buɗe taka laftof, ka duba ko Windows Defender a kunne yake. Idan a kashe yake, ka tuna ranar da ka kashe shi da abin da ka girka a ranar.

Allah Ya tsare mu, Ya ba mu ikon riƙe amana.